Mahmuda Ya Koma Rijiya

…kuma igiyar ba ta da laifi. Sau uku ya bi ta da hannu daga wannan baki zuwa wancan. Kawu Altine ma ya bi ta, tsohon da ya koya masa haƙar rijiya tun gemu bai fito masa ba. To in ba igiya ba, mene ne? Me Mahmuda ke tsoro?

Suna sauke shi. Maza huɗu a kan igiya, duk masu furfura, don samarin garin rabi an kwashe su aikin hanyar Nasara, rabi sun gudu sun tsallaka iyaka zuwa ƙasar Ingilishi. Bakin rijiyar na ƙanƙancewa bisa kansa. Ɗazu kamar masaki, yanzu kamar faifai.

Gaba huɗu. Biyar.

Kada ya dubi sama. Kawu ya ce kada ya dubi sama, kada ya dubi ƙasa, ya dubi abin da hannunsa ke taɓawa ya kira sunansa. To. Wannan itace ne, kirya, kakanni suka jera ta, har yau gara ba ta ci ba. Wannan jar marmara. Wannan saiwa ce, ta wace bishiya, oho. Wannan gidan zanzaro. Wannan —

yashi.

Ba wancan yashin ba ne. Wancan fari ne, mai laushi kamar garin tuwo, a rijiyar da aka sa su haƙa can bakin sabuwar hanyar da ta nufi Dogon Dutsi, bara da rani. Gardi, dogarin Nasara mai jar hula, zaune a inuwar aduwa, bulala a kan cinya. Ɗanjuma, wansa, uwa ɗaya uba ɗaya, ya ɗebo yashin a tafin hannu, ya buɗe yatsu yana zuba.

"Ranka shi daɗe, ƙasag ga ba ta riƙe kanta. A ba mu kwana ukku mu saro icce mu ɗaure ta."

"Nasara na tahe ran Jumma'a. Ruwa za shi gani, ba icce ba."

Iyakar maganar ke nan. Kwana uku… mene ne kwana uku? Mutum na yin kwana uku da ciwon haƙori.

Numfashi. Ya fitar. Kawu ya ce mai tsoro shaƙa kawai yake yi, ya yi ta ɗura kamar mai cika salka, ya manta da fitarwa. Fitar da shi a hankali, kamar mai hura fura mai zafi — a'a, wa ke hura fura? Kunu. Kunu mai zafi. Ka ga, har kan ya fara haɗa abin da ba ya haɗuwa.

Takwas. Tara. Iskar ta sauya, ta yi nauyi, tana warin tsohon tulu.

Wata goma sha ɗaya rabonsa da rami. Rami ma? Rumbu. Rumbun gidansa bai iya shiga ba, Zalihatu ke tattare zane ta hau ta miƙo masa damin gero, matarsa, shi yana tsaye a ƙasa kamar baƙo. Riga kuwa… in ta rufe masa fuska wajen sawa, sai ƙirji ya kulle. Ran nan ya tarar ta farke wuyan rigar har ƙirji ta ɗinke bakin da zare. Da ma ta yi masa gori, da ya san inda zai sa kansa.

Lantana 'yar bori ta ce doguwar wurin ce ta biyo shi, a yanka baƙar akuya. An yanka. Malam ya wanke allo, ya sha. Kowanne ya ba shi kwana biyu na sauƙi, bai raina ba. Sauran mutane kuwa, "Sai haƙuri, Mahmuda." Haƙuri. A ina ake sa shi? A ƙirji? Ƙirjin a cike yake da yashi.

Kawu ne kaɗai bai ce masa haƙuri ba. Ya ja shi bayan gari, ramin da ake ɗibar ƙasar gini, iya ƙugu. "Zamna." Ya zauna, gumi kamar an watsa masa ruwa. Gobe kuma. Jibi kuma. Bayan wata guda, rami iya wuya. Bayan wata uku, tsohon rumbun Kawu da ba kowa ciki sai ɓeraye. Tsohon na waje yana tuƙar igiya yana magana kamar da kansa: "Ba hita za shi yi ba, tsoron. Ni shekara talatin ina sabka da nau. Ka bar shi shi zamna kusa da kai, amma kada ka miƙa mai igiya."

Shekara talatin. Ashe ba warkewa ake yi ba? Ashe haka za a yi ta tafiya da shi, kamar mai gurguwar ƙafa?

Sha uku. Itacen ya ƙare, sai dutse. Dutse. Dutse mai sanyi. Dutse mai jiƙa. Madalla da dutse.

Da ya ce a'a. Ai da ya ce a'a da mai gari ya aiko, wa zai zarge shi? Kwana goma sha biyu rijiyar na ba da taɓo, guga ya sauka ya dawo da baƙar laka, ita kaɗai ce a garin, kuma ba wani mai yasar rijiya daga nan har Sukukutane. Mata na fita da hantsi zuwa fadama, sai la'asar su dawo da tulu ɗaya ɗaya. Ya yi shiru kwana goma sha ɗaya. Ya ji, ya gani, ya yi shiru. Sai jiya — Shatu. Matar Ɗanjuma, goye da 'yar da ba ta taɓa ganin ubanta ba. Ta faɗi dab da shiga gari, tulun ya fashe, ƙasa ta shanye tafiyar yini guda yana kallo. Ba ta yi kuka ba. Ta tsince sakainun — me za ta yi da sakaina? — ta tara su gefen hanya, ta gyara goyo.

Da can ita ce mai tsokanarsa, ƙanen miji abin wasa, ta ɓoye masa takalmi, ta ce tuwonsa kare ya cinye. Yanzu sai, "Ina kwana." "Lahiya lau." Ba ta taɓa tambayarsa yadda aka yi ba. Ko sau ɗaya. Me ya sa ba ta tambaya? Ta sani ne?

Ƙafa ta taɓa. Ta nutse har ƙwauri.

Gaba goma sha bakwai, ga shi a ƙasa, ga shi da rai. Sama ta koma kamar bakin ludayi, da kawuna biyu a gefenta… an ce kada ya duba. Laka. Wannan laka ce. Wannan ƙwaryar wata ce da ta faɗo tun yaushe. Wannan tsumman guga. Ya cika wasaki, gugan fata, ya girgiza igiya, ya tafi sama yana ɗiga. Ya dawo. Ya cika. Hannu ya san aikinsa, hannu bai manta ba, kan ne kawai… Cika, girgiza, jira. A wurin jiran ne abin yake. In hannu na aiki, tsoron na zaune gefe kamar yadda Kawu ya ce, ya naɗe ƙafa, yana kallo. In wasaki ya tashi kuwa —

wani abu na zubo masa a ƙeya. Siriri. Ɗumi-ɗumi.

Wasakin ne ya gogi bango. Wasakin ne kawai. Wasakin ne…

Ba ƙara ƙasar ta yi ba, ran nan da ta rufta. Mutane na zaton ƙara take yi. Ajiyar zuciya ta yi, kamar saniya za ta kwanta. Shi yana bisa, ƙafa a matakin bango, zai miƙa kwando. Ɗanjuma na ƙasa da dagi, yana cikin ba shi labarin wani rago da ya gani a kasuwa, bai ma ƙarasa ba, "ƙahonsa kamar —" kamar me? Har abada kamar me? Sai duhu. Yashi a baki, yashi a kunne, yashi har haɓa, ƙirji na son buɗewa ba wuri. Can ƙasa kuma, cikin yashin, hannu. A ƙafarsa ta hagu. Hannun da ya riƙe shi ya koya masa tafiya.

Ya yi shuri.

To, ga ta nan. Ya faɗa, ko da laka ce kaɗai ta ji. Ya yi shuri, sau biyu, da duk ƙarfinsa, har hannun ya rabu da shi. Da aka zaro shi aka tambaye shi, ya ce bai ji komai ba. Bai gaya wa malam ba. Bai gaya wa Lantana ba, ita da iskokinta. Bai gaya wa Kawu ba, duk zaman ramin nan. Ana ta yi masa maganin tsoron ƙasa, alhali —

"Mahmuda." Muryar Kawu, ta sauko tana karo da bango. "Kana nan?"

Fitar. Fitar da shi tukuna.

"Ina nan, Kawu."

"Mi hannunka ka taɓi?"

"Laka."

"To laka ta. Ga wasaki nan tahe."

Laka ce. Ba yashi ba, ba bara ba, yau ce, Talata, rijiyar garinsu. Yana rawa, amma yana cikawa. Ashe ana iya yin duka biyun. Ba wanda ya taɓa gaya masa ana iya rawar jiki ana aiki, ya zaci sai ɗaya ta tsaya ɗaya ta fara. Wasaki na ashirin, ko na talatin, ya bar ƙirga. Kafaɗu sun mutu. Lakar ta fara sauya launi, baƙin ya ƙare, ga tsakuwa, ga farin yumɓu mai santsi. Ya kai dagi gefen gabas, inda Kawu ya ce idon ruwan yake. Sau ɗaya. Sau biyu.

Zai gyara tsayuwa, ƙafar hagu ta ƙi fitowa. Lakar ta kama ta har idon sawu, ta zagaye, tana tsotsa, tana ja ƙasa. Ya ja, ta ja. Haka abin da ke son nutsar da mutum yake yi: ya zagaye, ya ja.

Hannun Ɗanjuma fa?

Ya tsaya cak, dagi a hannu.

Zagayewa ya yi? A idon sawu yake, ko… a ƙarƙashin tafin ƙafa? Don yana tuna yatsu, i, amma yana tuna wani abu mai faɗi kuma, a diddige, mai tauri kamar mataki. Kuma yashin har haɓa ya kai, ya tabbata har haɓa, amma da masu igiya suka leƙo sun ce kafaɗunsa a waje suka gani. Wa ya ɗaga shi taki guda? Shurin ne? In shuri ne, me ya taka? Mutum ba ya taka yashi mai gudu ya hau.

Turo shi sama yake yi?

A'a. A'a, kada ya yi wa kansa haka. Wannan ai daɗin baki ne zuciya ke yi masa, ta gaji, tana neman inda za ta jingina, ta ƙera masa labarin da za a iya rayuwa da shi. Wata goma sha ɗaya yana tuna riƙo, yau rana ɗaya zai ce turi? Wa zai tambaya? Mutum ɗaya ne ya sani, yana can ƙarƙashin yashi a bakin hanya, motocin Nasara na bi ta gefensa. In riƙo ne, ya shuri mai neman ceto. In turi ne, ya shuri mai cetonsa. Wanne ne mai sauƙin? Wanne zai iya ɗauka ya kai ƙofar Shatu?

Sanyi a yatsun ƙafa. Yana hawa. Ya sunkuya ya taɓa — ba laka ba. Ruwa. Yana tsattsafowa daga inda dagin ya shiga, siriri, ba ƙara, yana neman hanyarsa tsakanin tsakuwa. Ya ɗebo a tafi ya kai baki. Ɗanɗanon ƙarfe da ƙasa.

Ya kamata ya kira su. Kalma ɗaya ce, mata na can sama da tuluna tun hantsi, kalma ɗaya su yi guɗa. Zai kira. Bari dai ya… ya jingina bayansa da dutsen, ya sulale, ya zauna cikin ruwan. Hannuwan sun ƙi ɗaguwa. Ruwan ya rufe idon sawu, ya kama ƙwauri.

"Mahmuda?"

Yana ji. Zai amsa. Yana so ne kawai ya sake tunawa, sau ɗaya, a hankali, tun daga farko — diddige ne, ko idon sawu…