Kason Mama a Diyyar Auta

Duk wanda ya ci abinci a gidan nan, daga aljihun Yaya ya ci. Haka Yaya yake faɗa, kuma mutum ne mai digiri biyu, mataimakin shugaban makarantar sakandare, ba a saba musa masa ba.

Ƙaninsa Auta mai walda ne. Shi bai iya jawabi ba. Yakan dai shigo ɗakin Mama da leda a hannu, yana warin ƙonannen ƙarfe, ya yi mata wata shiririta, ta yi ta dariya har da tari. In Yaya ne ya shigo, zama take gyarawa. Wannan dariyar ta daɗe tana tsaye wa Yaya a rai.

Motar wani kamfanin siminti ce ta take Auta a kan babur, yana hanyar kai tagar da ya ƙera. Da makoki ya lafa, kamfanin inshora ya kira iyali lissafin diyya. Yaya ya sa kwat ɗinsa ta taron iyaye da malamai, ya shige gaba. Mama da matar Auta suka biyo baya.

Kujera biyu ce a ofishin. Yaya ya zauna, Mama ta zauna, matar Auta ta jingina da bango. Jami'ar inshorar ta yi musu ta'aziyya, ta jawo kalkuleta, ta yi bayani. Za a duba abin da mamaci yake samu a wata, a cire abin da yake kashe wa kansa, a ninka sauran da shekarun aikin da suka rage masa, sannan a raba wa waɗanda suka dogara da shi.

"Ba sai kin wahala ba," in ji Yaya. "Walda ce."

Ta danna, ta juyo musu da kalkuletar. Matar Auta ta rufe fuska da gyale. Yaya ya sa tabarau, ya cire, ya sake sawa.

"Akwai sifilin da ya yi yawa."

"Babu, Malam. Makarantu uku yake wa kujeru, ga ma'aikata huɗu a shagonsa, kuma bai kai arba'in ba."

Yaya ya yi gyaran murya. "To, don ƙarin ilimi kawai. Da ni ne fa motar ta take?"

"Allah ya kiyaye," in ji Mama.

"Misali ne, Mama."

Jami'ar ta tambayi albashinsa da shekarun da suka rage masa ya yi ritaya. Ta danna. Abin da ya fito bai kai kashi ɗaya cikin uku na Auta ba.

"Ba ki sa digiri ba."

"Ba shi da gurbi a lissafin, Malam."

Yaya ya kalli fanka. Wato yaron da ya faɗi jarrabawa sau biyu, wanda shi ya koya masa ɗaura agogo, ya mutu ma ya fi shi tsada.

Aka zo kan masu kaso: mata, yara uku, da uwa. Jami'ar ta juya wajen Mama.

"Mama, maganin sukarinki da cefane, wa yake yi miki?"

Mama ta buɗe baki, Yaya ya riga ta.

"Wace irin tambaya ce wannan? Ni ne babba."

"Malam, ka bar ta ta amsa. In kai kake ɗauke da ita, dole in cire ta. Kuma kasonta ba yara zai koma wa ba, faɗuwa zai yi gaba ɗaya."

"To, ya faɗi mana. Ina raye a rubuta cewa mai walda ne yake ciyar da uwata? Nawa ne ma maganin?"

Matar Auta ta san nawa ne.

"Mama?" in ji jami'ar.

Mama ta dubi hannuwanta, sannan ta dubi ɗan da ya rage mata, gumi yana bin wuyan kwat ɗinsa.

"Yadda yayansu ya faɗa, haka ne."

"Kin tabbata, Mama?"

"Na tabbata, 'yata."

Jami'ar ta ja layi. A hanyar gida Yaya ya yi musu bayanin yadda kamfanoni suke raina mutane in ba su ga mai ilimi a cikinsu ba.

Ƙarshen wata allurar Mama ta ƙare. Aka aika wa Yaya. Ya zo da kansa, ya ce albashi ya makara, ya kuma ba ta shawarar ta rage shayi, don ya karanta cewa rabin ciwon nan sakaci ne. Mama ta gyara zama, ta sa masa albarka.

Da yamma matar Auta ta tsaya a kantin magani na bakin titi. Mai kantin ya ɗauko kwalin tun kafin ta yi magana.

"Na Mama ko? Allah ya jiƙan mai gidanki, bai taɓa bari ya yanke ba. Yanzu Malam ne zai riƙa saye?"

"Shi ne," in ji ta. "Aiko ni ya yi."

Ta buɗe jaka, ta zaro daga kuɗin makarantar yara, ta biya.