Tsagen Badaru

Lawwali Sarkin Aska yana tsugune a zaure yana wasa aska a kan dutse, sai ya ji sallama ƙasa-ƙasa. Ya ɗaga kai ya ga wata tsohuwa cikin zurmemen hijabin da ya fi ƙarfinta, da tudun goyo a bayanta. Sai da ta yaye fuska ya gane ta. Halima ce, matar marigayi Badaru, amininsa na rugar bayan gari. Babu ƙwaryar nono a kanta, babu manyan 'yan kunnen da aka san ta da su. Matar da tun daga bakin rijiya ake jiyo muryarta tana tsokanar matan gari, yau ita ce ta shigo a sace.

"Innar Illo, wa ya ara maki wanga buhu?" in ji Lawwali, don shi bakinsa ba ya hutawa.

"Bari dai, Sarkin Aska. Ta bayan garka nib biyo."

Ta zauna, ta kwance goyon, ta miƙa masa jinjiri ɗan firit da ko zama bai fara ba. "Ɗan Illo na. Sunan kakanai anka sa mai."

Lawwali ya karɓe shi da hannu biyu. Ya daɗe yana kallon dogon hancin nan da siririn wuya. "Ashe Badaru ya komo," ya ce. "Abokina, ka tahi da hurhura, ka komo ba ko haƙori."

*

Tsofaffin Tungar Gawo suna cewa mutum biyu ne suka kafa garin. Wani Bagobiri da ya baro Alƙalawa bayan an ci ta da yaƙi, da wani Bafillace da ya tarar a gindin gawo da 'yan shanunsa. Tare suka haƙa rijiyar da ake sha har yau. Tun daga nan, in an gama girbi, shanun ruga su sauka a gonaki su ci kara su bar taki, manomi kuma ya aika da damin gero. Gidan su Lawwali ne ke yi wa kowane ɓangare askin suna. Askar da ke hannunsa ita ta aske kan ɗansa Shamsu, ita kuma ta aske kan Illo ɗan Halima.

Yanzu dukansu biyu suna ƙasa. Shamsu 'yan bindiga suka harbe shi a gona da damina, ya bar matarsa Sadiƙa da jaririya a hannu. Illo kuwa gishiri ya je saye ranar kasuwa, 'yan sa-kai suka tare motar da ke zuwa garin Isa, suka bi fasinja ɗaya bayan ɗaya. Bana kara na nan tsaye a gonaki, ba saniyar da ta zo.

"Ba su tambayi sunanai ba," in ji Halima. "Huska sunka duba. Wanda duk ad da tsage sunka ce ya koma mota. Uwar yaron ga kau, Laraba, da tah haihu jini ya ƙi tsayawa. Ba mai babur da ya yarda ya kai ta asibiti, har tac cika." Ta gyara zama. "So nika ka yi mai tsagen Gobirawa. Irin naka."

Lawwali ya shafa kumatunsa, inda zanen ya tashi daga gefen baki ya nufi kunne. Rabonsa da yi wa wani tsage har ya manta. Matan zamani cewa suke ɓata fuska ne, shi kuwa ya sha yi musu tsiya a kan haka. Ga shi yau an zo nema, ya rasa inda zai sa kansa. Ranar da mahaifinsa ya damƙa masa zabira, abu guda ya ja masa kunne a kai: kada ya kuskura ya sa wa ɗa tsagen da ba na ubansa ba, domin da shi ake gane mutum ko an sace shi, ko ya mutu a nesa.

"Halima, wanga ba zane ne na lalle ba. Ba ya gogewa. Kuma ki tuna, in mutanen daji sunka gan shi da tsage, su ma ba za su tambayi sunanai ba."

"Na tuna. Na kwana ina tunawa. Daji babu asibiti, babu makaranta, rugar ma gobe za ta tashi ta tsallaka Nijar. Ni ƙahwahuna sun ƙare, madarar saniya kau ba ta zama cikinai. Na zaɓa mai gari." Ta sunkuyar da kai. "Ba da shi za ni komawa ba."

A nan ne ya fahimci cewa ba aska kaɗai ta zo roƙo ba. Abin ya yi masa nauyi ƙwarai, domin wannan ba shi ke da ikon bayarwa ba.

Asabarin ƙofar cikin gida ya motsa. Sadiƙa ce, da alama ta jima a tsaye. Ba ta gaida kowa ba.

"Waɗanda sunka kashe Shamsu," ta ce, "da harshenku sunka yi magana."

"Na sani, ɗiyata," in ji Halima.

Jinjirin ya fara kuka, wani siririn kuka na yunwa da ba ƙarfi a cikinsa. Sadiƙa ta kau da kai ta dubi bango. Ta cije leɓe. Amma gaban rigarta ya riga ya jiƙe, ita ma ta gani, su ma sun gani. Ta tsaya haka har kukan ya fara shaƙewa.

"Baba," ta ce da Lawwali, "in za ka yi, yi yanzu. In ya sha ya yi kwana, ba ni bari a tashe shi."

*

A tsakar gida aka yi, gindin rumbu, inda haske ya fi. Halima ta riƙe kan yaron a cinyarta. Lawwali ya wanke aska, ya yi bisimilla, a zuci ya nemi gafarar mahaifinsa da ta amininsa. Hannunsa bai manta ba, idonsa ne ya riƙa cika yana sa shi dakatawa. Ya ja zanen a hankali, dama da hagu, ya goge jini, ya shafa baƙin tukunya. Yana gamawa ya duba, sai ya ga hancin Badaru a tsakiyar kumatun gidansu.

Yaron na ta tsala kuka. Halima ta rungume shi tana jijjigawa, bakinta ya kama wata waƙar reno ta Fillanci, wadda ta yi wa Illo, wadda aka yi mata. Kukan ya fara lafawa. Sai ta tsaya cak a tsakiyar baiti.

"Ci gaba mana," in ji Lawwali. "Shina jin daɗinta."

"A'a," ta ce. "Kada kunnenai ya saba."

Ta miƙa wa Sadiƙa shi. Sadiƙa ta juya baya ta zauna, tsakar gidan ta yi tsit, sai 'yar ƙarar haɗiya.

Halima ta ɗauki majanyinta ta ɗaura, ta zura hijabin aro, ta ƙi tsayawa shan fura. Lawwali ya raka ta har bayan garka, daga nan ta hana shi. Ya tsaya yana kallonta ta wuce rijiya, ta shiga cikin karan gonaki. Tana tafe a ɗan duƙe, hannunta ɗaya a baya, tana bubbuga majanyin da babu kowa a ciki.