Sammacin Malam Garba

Sammacin ya zo da sunan mutumin da ya shekara tara a ƙasa.

Masinjan kotu ya tsaya a ƙofar injin niƙa da ke bayan masana'antun Sharaɗa yana cigiyar Malam Garba. Musbahu ya kashe injin, ya goge gari a jikin rigarsa, ya karɓi takardar. Bokonsa bai yi nisa ba, amma ya san sunan ubansa, ya kuma san lamba. Miliyan huɗu da dubu ɗari biyu. Kamfanin wuta ne ya kai ƙara.

Tun da tsohon ya rasu bai canja sunan da ke kan bil ba. Ya je ofis sau biyu, aka ce ya dawo, ya watsar. Mita kuwa ba a taɓa sa musu ba, kintace ake yi a rubuta. Shekara biyu taransifomar layin tana ƙone, da dizal yake niƙa, amma duk wata takarda na zuwa, lamba na hawa.

Kafin ya isa gida labari ya riga shi. Mahaifiyarsa Inna Rakiya na zaune a tabarma, kwanon tuwo a rufe a gabanta, ta ƙi ci.

"An ce ana bin Malam bashi."

"Ƙarya ce, Inna. Wutar da ba a sha ba ce."

"Ban tambaye ka wuta ba. Ran da aka shimfiɗe shi za a yi masa salla, aka ce ko akwai mai bin sa, wa ya ce ya ɗauka?"

"Ni ne."

"To sunan wa ke jikin takardar?"

Tun yana yaro yake ji a wurin wa'azi cewa mamacin da ake bi bashi ba ya samun sakewa sai an biya. Bai taɓa kawowa zancen zai zo ƙofarsa a kan bil ba.

Lauyar da ya samu a Ɗorayi, Barista Sa'adiya, dariya ta yi da ta gama karantawa.

"Malam Musbahu, ai sun yi mana aikin. Ba a ƙarar matacce. Kawo takardar rasuwa in miƙa, a kori ƙarar. Kai dai ka kama bakinka."

"Bashin fa?"

"Yana kan sunan da suka rubuta. Su je maƙabarta su karɓa."

"In na ce nawa ne?"

"Ka buɗe musu ƙofa ke nan. Shari'a ta dawo kanka. Muna iya ci, muna iya faɗuwa. In mun faɗi, injin za su ɗauke."

Injin nan shi ke ciyar da mutum goma sha ɗaya. Ya tafi wurin limamin unguwa ko zai samu mafita. Liman ya ce kuɗin zalunci ba bashi ba ne. Musbahu ya fara murna, sai liman ya ƙara da tambaya.

"Amma duk cikin kuɗin nan babu wutar da ka sha?"

Akwai. Bayan an gyara taransifoma ya yi wata takwas yana niƙa da wutarsu, ya ƙi biyan ko kwabo don haushi. Shi ya sha, aka rubuta wa ubansa.

Ranar zama Musbahu ya zauna a benci na biyu, hula a jiƙe da gumi. Barista ta waiwayo ta ɗora yatsa a baki.

Magatakarda ya ɗaga murya. "Malam Garba Sharaɗa."

Shiru.

"Malam Garba Sharaɗa."

Musbahu ya hango a ransa kabarin da ya shiga da ƙafarsa ya gyara wa tsohon kwanciya. Ya ga ana kiran tsohon a can lahira, babu mai amsawa.

"Malam Garba…"

"Ga ni."

Alƙali ya dube shi ta saman tabarau. "Kai ne Garba?"

"Ɗansa ne, ranka ya daɗe. Shi ya rasu. Wutar da aka sha ni na sha, wadda ba a sha ba mu yi shari'a. Amma a cire sunansa a sa nawa."

Barista Sa'adiya ta ajiye biro a hankali. Lauyan kamfani ya miƙe da fara'arsa ya nemi izinin gyara takardu. Aka ɗage zama zuwa bayan Salla.

A waje ta ce masa, "Ka san abin da ka yi?"

"Na sani. Tun jiya ban ci abinci ba."

Ƙarshen wata mai raba bil ya tsaya da babur a ƙofar injin, ya miƙo takarda biyu. Musbahu ya bi ta farko da yatsa, harafi bayan harafi. Sunansa ne, kuɗin duka an juyo kansa. Ta biyu sabuwa ce, ta wannan watan, dubu tamanin da shida. Malam Garba Sharaɗa.

Ya daɗe tsaye, injin na ta niƙa babu hatsi. Sannan ya ninke ta biyun ya tura aljihun ciki, ya kai wa Inna ta farkon.

Ta shafa takardar da ba ta iya karantawa. "Naka ne?"

"Nawa ne, Inna."

Ta jawo kwanon tuwo ta buɗe.