Dokin Wuta a Gurbin Kwaɗo

Wata huɗu mahaifina, Baba Bunu, ya yi a gidana a Haɗeja bai furta ko kalma ɗaya ba. Shanyewar ɓarin jiki ce ta same shi, ta taɓa hannun dama da harshe. Likita ya ce harshen zai dawo in ana motsa shi, in kuwa aka ƙyale shi zai saba da kwanciya. Baba ya saurari likita tsaf, ya gyaɗa kai, muka dawo gida ya kulle bakinsa. In yana son ruwa sai ya nuna randa. In na ce, "Baba, ya jiki?" sai ya ɗaga mini hannun hagu, shi ke nan an gama gaisuwa.

Ni na san ba ciwon ne kaɗai ba. Shekara talatin Baba ya yi yana raka masu kallon tsuntsaye a dausayin Baturiya. Ya san tafkin da dinya take sauka, ya san watan zuwan agwagin ƙetare. Har wani zoben ƙarfe yake da shi mai lamba, wanda wani masunci ya ciro daga ƙafar agwagwa ya kawo masa, ya rataye shi da makullansa. Sai ambaliya ta tafi da littattafan da yake rubuta tsuntsaye, ta haɗa da makullan. Ciyawar kacala kuma ta cinye tafkunan da ya sani. Baƙinsa na ƙarshe ya yi musu alkawarin gauraka, suka yi tafiyar awa biyu a kwalekwale, suka tarar da kacala iya ganinka. Tun ranar bai sake taka Baturiya ba, kuma wannan tun kafin ciwon ne.

Kowace Juma'a yayana Nu'uman yana bugowa daga Dutse. Tambayarsa ɗaya ce.

"Mardiyya, ya yi magana?"

"Bai yi ba, Yaya."

"Kina dai jan sa da hira ko?"

Wannan tambayar tana ƙona mini rai. Na ja shi da hirar shinkafa, na ja shi da hirar siyasa, har tsegumin maƙwabta na yi masa, ni da ba na tsegumi. Tsorona shi ne wata rana in manta yadda muryar ubana take.

Ni malamar kwamfuta ce a wata sakandare, kuma lokacin muna hutu. Ina da wani tsohon wasa da nake yi tun ina 'yar aji ɗaya, na kamun dodanni. Mutum yana yawo cikin ciyawa da kogo da bakin ruwa, dodanni suna fitowa, ya kama su ya yi renonsu. Na haddace shi har ya gundure ni. Na san kududdufin farko kwaɗo ne a ciki, na san kogo na jemage ne. Sai na samu wata 'yar manhaja da masoya wasan suka haɗa da kansu suka saki kyauta. Ka ba ta wasan, ka ba ta wata lamba, ta dama maka shi kamar fura. Kowane dodo a ɗauke shi daga mazauninsa a sa wani a gurbinsa. Lambar nan masu manhajar iri suke kiranta, don duk wanda ya shuka lamba ɗaya, damu ɗaya zai tsiro masa.

Ranar wata Talata bayan la'asar na shimfiɗa tabarma a gindin darbejiya kusa da kujerar Baba, na buɗe kwamfuta. Ban yi don shi ba, inuwar ce a nan. Na isa kududdufin farko ina jiran kwaɗo, sai ga wani doki jajawur, wuta na ci a gashin wuyansa, tsaye a cikin ruwa. Na yi dariya. Na shiga kogo, sai wani tsuntsu mai dogayen ƙafafu kamar zalɓe ya fito daga duhu.

"Ƙarya."

Na waiga. Babu kowa a tsakar gidan sai ni da shi. Kalmar ta fito a karkace, amma ta fito.

"Baba, me ka ce?"

Ya nuna allon da haɓa. "Zalɓe. Kogo. Ƙarya."

Kalma uku! Na daure na yi kamar ba komai, don na san halin tsohon: in ya ga an yi murna zai janye. Na matsa da kwamfutar inda zai gani sosai na ci gaba.

Kwana uku muka yi haka. Da an yi la'asar sai ya buga sandarsa a ƙasa, ma'ana a kawo kwamfuta. Kifi ya fito a kan dutse, ya yi tsaki. Kunkuru ya fito a saman bishiya, ya ce, "Mahaukata." Ni kuma ina ƙirga kalmomin a zuci.

A rana ta huɗu ya yi abin da ya ba ni mamaki. Muna dosar wani tafki da ban kai ba tukuna a wannan damun, ya ɗaga hannu in tsaya.

"Doki," ya ce.

Na shiga bakin ruwan. Sai ga dokin wuta.

"Baba, ya aka yi ka sani?"

Ya daɗe yana kokawa da harshen. Na ciji leɓe don kada in ƙarasa masa.

"Ba... gidansa ba. Aro. Gurbin wani."

"Gurbin kwaɗo ne," na ce. "Wallahi kwaɗo ne a nan asali."

Ya gyaɗa kai kamar dama ya sani. Mutumin da bai taɓa ganin wasan a daidai ba ya gano dokar manhajar: ɗaya ake sawa a gurbin ɗaya, ko'ina. Duk inda ruwa bai da zurfi ya ga doki, sai ya riƙe. Daga nan ya sa na kawo takarda ina rubuta masa: bakin ruwa doki, tsakiyar ruwa wata mage mai fukafukai, kogo zalɓe.

To a nan ne na tafka wautata. Na ce a raina, bawan Allahn nan duniyarsa ta rikice, ni kuma ina ƙara nuna masa rikitacciya, yana ta tsaki. Bari in faranta masa. Ranar Asabar na ajiye damammen, na buɗe wasan na asali, wanda ba a taɓa ba.

"Baba, yau ga na gaskiyar. Komai a mazauninsa."

Kududdufi, kwaɗo. Kogo, jemage. Tafki, kifi. Ina ta nuna masa ina washe baki. Ya kalla na ɗan lokaci, ya yi hamma, ya juya fuska wajen katanga inda ƙadangare yake shan rana. Har magariba bai ce uffan ba. Lahadi bai buga sanda ba. Litinin na kawo kwamfutar da kaina, ya ɗaga mini hannun hagu.

Na shiga kicin na zauna a kan turmi ina jin haushin kaina. Kwana huɗu na yi ina ƙirga kalmomi ban tsaya na ji me ake faɗa ba. Tsakin nan da nake ɗauka ɓacin rai ne, ashe tsakin mai aiki ne. Wa zai yi magana a kan kwaɗo a cikin kududdufi? Ko ni da na haddace wasan ai abin da ya kore ni ke nan.

Talata na dawo gindin darbejiya, na buɗe manhajar damun, na juya allon gabansa. Akwai wani ɗan fili fari da ake rubuta lamba.

"Baba, na yi kuskure. Za mu sake damawa, sabo fil, ni ma ban san abin da zai fito ba. Amma sai an ba ta iri."

Ya kalle ni a kaikaice. "Iri?"

"Lamba ce. Kowace lamba da abin da take tsirowa. Ni nawa sun ƙare, kai za ka bayar."

Ƙarya na yi, lamba ba ta ƙarewa, kuma akwai maɓallin da zai zaɓo da kansa. Na rufe shi da babban yatsa.

Na fara cire rai. Akuyar maƙwabta ta leƙo ta koma. Sai na ga hannunsa na hagu yana laluben aljihu, wurin da makullai suke zama da.

"Bakwai," ya ce. "Huɗu. Huɗu. Sifili. Tara. Biyu."

Ko ɗaya bai karkace ba. Na buga lambar a filin.

"Lambar mece ce, Baba?"

"Zoben agwagwa."

Na danna. Manhajar ta yi 'yan daƙiƙu tana damu, ta miƙo sabon wasa. Muka nufi kududdufin farko, ni da shi duk mun sunkuyo, kanmu ya kusa haɗuwa. Ruwan ya motsa. Wani abu ya fito mai kama da tulu, da ido ɗaya da ƙaho a ka. Shekara ashirin ina wasan nan, sau ɗaya na taɓa ganinsa, can ƙarshen wasa a saman dutse.

Baba ya yi dariya. Rabin bakin ne ya yi, amma dariya ce, har da tari.

"Rubuta," ya ce. "Bakin ruwa, tulu."

Na rubuta. Muka yi kogo, muka yi ciyawa, ya canki biyu daidai ya faɗi ɗaya, ya zargi manhajar da maguɗi. Da rana ta yi sanyi sai ya daina kallon allon. Ya karɓi takardar ya ɗora a gwiwa yana bin layukan da yatsa.

"Mardi."

"Na'am, Baba."

"Gauraka ta tashi daga tafkin nan na Baturiya." Ya huta. "Ban tsaya ba... in ga wa ya sauka a gurbinta."

Ya dangwala yatsa a kan takardar.

"Kacala ma," ya ce, "akwai mai zama a ciki. Ban duba ba."

Ranar ba Juma'a ba ce, amma na ɗauko waya na kira Yaya Nu'uman. Ya ɗauka a firgice.

"Mardiyya, lafiya? Jikin ne?"

Na kara wa Baba wayar a kunne. Ya gyara zama, ya share gefen baki da hannun riga.

"Nu'uman. Kawo mota ranar Asabar. Baturiya za mu."

Sai na ji numfashin Yaya yana sarƙewa, babban mutum mai 'ya'ya huɗu.

"Baba? Baba, kai ne?"

"To wa?" in ji Baba. "Ka taho da littafi. Sabo. Mai layi."