Ƙaramin Rubutu na Sama

Kwana shida Halliru tela bai yi ɗinkin kirki ba. Ya taka keke sau biyu ya tsaya, ya fita ƙofar shago ya dubi kasuwar Sabon Birni, ya dawo ya zaro littafin daga ƙarƙashin yadi. Amsar tana nan a shafin baya yadda ya bar ta: uku. Malam Labbo kuwa tara ya ce.

Littafin lissafin aljabra ne, wani malamin safiyo ya bari lokacin da aka zo duba duwatsun iyaka da ƙasar Faransi. Su uku ke zama a kansa bayan la'asar. Yero, ɗan Malam Labbo, malamin elementare ne, shi ke juya Turancin. Halliru, da ya koyi boko a ajin yaƙi da jahilci, shi ke naci. Malam Labbo ke yanke hukunci, don shi ya karanta hisabi a littattafan Larabci, kuma a gabansa Halliru ya sauke Alƙur'ani.

Sun gane jimlar da ake nufi, mai gaɓoɓi haɗe, wadda harafinta, wato x, bai shiga ƙarƙashin layin rabawa ba. Sai littafin ya nemi abin da Yero ya fassara da daraja, ya ba da 9x + 2x³ + 5. Malam ya duba, ya ce a kowane littafi ƙaramin rubutu na saman layi sharhi ne, ɗalibi ya ƙara shi, ba matani ba ne. Daraja tana wurin lamba mafi girma. Tara ke nan.

Halliru ya ce na'am. Daga baya ya gwada tambayoyi goma sha biyu da amsoshin baya, ya ga kullum ɗan ƙaramin na sama ne ke da darajar.

Gobe Yero zai tafi garin Isa ya hau mota zuwa Sakkwato, don jarrabawar shiga makarantar horon malamai, kuma shekarunsa ba za su bari ya sake ba. Halliru ya tare shi a bakin rijiya ya nuna masa amsar littafin. Yero ya yi dariya.

"Kai tela, Baba yac ce tara. Kai da kak koyi baƙi jiya?"

"Dubi bayan littahin."

"Bature ba ya kuskuren bugu? Tahi ka ƙare min rigata."

Abin ya hana Halliru zama. Ba a gyara wa malami karatu, wannan ya sani tun yana riƙe da allo. Amma shiru ma aiki ne, kuma Yero ne zai biya. Ya tambayi kansa ko ladabi ne ya rufe masa baki, ko tsoron a ce tela ya yi girman kai. Bai ji daɗin amsar ba.

Da hantsi ya ɗauki littafin ya nufi zauren Malam. Ya wuce ƙofar har gindin kuka, ya juyo, ya tuɓe takalma. Yero na ciki yana ɗaure kaya.

"Gafarta Malam, wani abu ya shige min duhu."

"Hwaɗi, Halliru."

"In wanga harahi goma na, gaɓar hwarko nawa ta?"

"Tis'in."

"Ta biyu hwa? In an ɗauka ukkun ga na sama na nuhin a buga goma cikin goma, cikin goma."

Malam ya share ƙasa da tafin hannu, ya zana da yatsa. Dubu, sau biyu. Ya daɗe yana kallon abin da ya zana. Leɓensa na motsi.

"Ka'abu," ya ce a hankali. "Shai'u, malu, ka'abu, haka hisabin Larabci ke jera martabobin. Martaba ta ukku. Mu da kalma muke rubuta ta, su sun maishe ta ɗan ƙuda bisa harahi." Ya juya ga ɗansa. "Yero, goge abin da nac ce maka. Ukku ta."

Yero ya kwance ƙullin kayansa yana neman fensir.

Halliru ya ji kafaɗunsa sun sauka. Ya fara godiya, yana ja da baya.

"Tsaya," in ji Malam. "Tambayar ga ba ta wanda abu ya shige ma duhu ba ta. Yaushe kas sani?"

Halliru ya yi tunanin ya ce jiya. Malam na kallonsa.

"Kwana shidda, gafarta Malam."

"Kwana shidda kana zaune nan kana ce min na'am." Bai ɗaga murya ba. "Ashe ka ɗauke ni mutumin da za ya hi son girmanai da gaskiya."

"Wallahi ba haka na ba."

"To ƙaƙa na?"

Halliru ya durƙusa ya ajiye littafin a gaban Malam. Malam ya miƙa masa littafin, ya matsa gefen buzu, ya nuna masa wurin da shi kansa yake zama.

"Zamna nan ka karantar da shi. Akwai saura kahin azahar."

Halliru ya zauna a kan buzun, a ɗarare, kamar an ɗora shi a kan garwashi. Ya buɗe tambaya ta biyu.