Lubabatu, Sunan Da Ba Na Kowa Ba

Daga Jibiya har Maraɗi babu mutumin da ya san asalin sunaye kamar Malam Mahmudu, akawun kan iyaka. Wannan magana ce tabbatacciya, domin shi da kansa ya faɗe ta, kuma a gaban shaidu.

Aikinsa shi ne zama a rumfar ofis, bakin hanyar da ta miƙe zuwa ƙasar Faransa, yana duba kayan fatake. Duk wanda ya zo wucewa sai ya faɗi sunansa, shi kuma Malam Mahmudu ya ba shi ma'anar sunan kyauta, ko ya nema ko bai nema ba. Masu jakuna sun daɗe da gane cewa wanda ya saurara yana gyaɗa kai ya fi saurin wucewa a kan wanda ya yi gardama. Saboda haka ilimin Malam bai taɓa cin karo da musu ba.

A kakar gyaɗa ta 1955 matarsa Rabi'a ta haihu. Maza uku ta jera a baya, wannan karon aka sami mace. Kowa a gidan ya yi murna, amma babu wadda ta kai Iya, mahaifiyar Malam Mahmudu. Sunanta na yanka Salmatu, kuma tun haihuwar jikanta na fari take jiran a yi mata takwara. Duk namijin da aka haifa sai ta yi barka, ta yi hamdala, ta koma jira. Bayan na ukun ta sayi ɗan rago a kasuwar Jibiya ta ɗaure a bayan ɗakinta, tana ba shi dusa da harawa, wani lokaci har da ragowar furarta. Yaran gida sun san sunansa: ragon takwara.

Washegarin haihuwa Inna Tasalla, uwar Rabi'a, ta iso daga ƙauyensu na tsallaken iyaka don ta yi wa ɗiyarta wankan jego. Mace ce mai jiki da murya, wadda idan ta shiga gida sai gidan ya zama kamar nata ne aka ba wasu aro. Ita da Iya suna gaisawa da ladabi mai tsawo, irin na mutanen da ba su da abin da za su ce wa juna bayan gaisuwar. Maharazu, ƙanen Inna Tasalla, shi ne ya rako ta. Shi falke ne, yana kai atamfa can ya kawo dabino da kanwa nan, kuma jandarmomin can da 'yan sandan nan duk sun san dariyarsa.

Da hantsi Maharazu ya tsaya a rumfar ofis, ya tarar Malam Mahmudu yana wa'azi ga masu jiran a duba musu kaya.

"Jahilci ne," in ji Malam. "A haifi yarinya, a ɗauko sunan kakarta a manna mata, kamar tsohon zane. Daga nan ba mai iya kiran sunan, saboda kunya. Shi ya sa rabin matan garin nan Uwa ne, sauran rabin Inna. Ni 'yata daga littafi sunanta zai fito. Sunan da ba na kowa ba."

"Allah shi ƙara sani, Malam," in ji Maharazu, yana gyara zama a kan buhu. "Mu dai sai sauraro. Ai ko akwai wani suna da na taɓa ji ina yaro, har yau ban samu wanda ya gaya mini ma'anarshi ba. Na tambayi malamai can wajenmu, kowa sai shi yi shiru."

"Faɗe shi, Kawu."

"A'a, kar in ba ka wahala. Wanga ba na kasuwa ba ne."

"Kawu, faɗe shi."

Maharazu ya sunkuyo, ya faɗa masa a kunne, kamar mai ba da kayan da ba su bi ta ofis ba: "Lubabatu."

Malam Mahmudu ya ce sunan sananne ne a wurinsa, sai dai bayaninsa na da tsawo, ga aiki ya yi yawa. Da aka tashi bai nufi gida ba. Ya bi ta gidan limamin unguwa ya ari ƙamus na Larabci, ya ce wani ɗan abu zai tabbatar.

Abin da ya samu ya fi abin da ya nema. Sunan daga lubbu ya fito, wato ƙwayar cikin abu, tsantsarsa, abin da ke saura bayan an cire ɓawo. Larabawa ma da wannan kalmar suke kiran hankali. Da ya mayar da littafin, liman ya ƙara masa da cewa sunan matar Abbas ne, baffan Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, kuma tana cikin matan farko da suka musulunta. Malam Mahmudu ya ce haka ne, dama abin da yake shirin faɗa ke nan. A hanya ya yi ta nazarin matan da suka taɓa wucewa ta gaban teburinsa, masu nono da masu daddawa da amaren da ake kaiwa tsallake. Babu Lubabatu ko ɗaya. Kafin ya isa ƙofar gida ya riga ya manta cewa wani ne ya raɗa masa sunan.

Saura Iya. Ya same ta da la'asar a bayan ɗaki tana ɓare gyaɗa, ragon na gefe yana jiran ɓawon. Ya tsuguna ya gaishe ta, ya yi zancen zafi, ya yi zancen farashin gyaɗa. Ita ba ta taɓa kiran sunansa ba tunda ɗan fari ne. Da ya yi makarantar Midil ya dawo da alƙalami a aljihu, sai ta bi mutane tana ce masa Malam.

"Malam, maganarka na bakinka. Fito da ita."

"Iya, zamani ne ya canza. Sunan yarinyar nan... na ga ya fi kyau a ɗauko shi daga littafi."

Hannunta ya tsaya a cikin ƙwarya. "Nawa sunan ba shi cikin littafi?"

"Yana ciki, Iya, ƙwarai. Amma in na sa shi, ba ni iya kiransa, Rabi'a ba ta iyawa. Sai ya ɓace, a koma Uwa. Ina so yarinyar ta ji sunanta a bakin ubanta."

Ta daɗe tana kallon ragon.

"Ba na kowa ba ne?"

"Ba na kowa ba ne. Daga nan har Maraɗi babu mai shi."

"Ka tabbata?"

Malam Mahmudu ya yi murmushin da yake yi wa masu jakuna. "Iya, ni ne fa."

"To. In ba na kowa ba ne, ba wanda ya fi wani." Ta watsa wa ragon ɓawo. "Shi ma wanga ku yanka mata. Ɗiyata ce ko da wane suna. Ba ni barin a sayo mata ƙashin kasuwa."

Ya tashi yana jin daɗin yadda ilimi ke sauƙaƙa al'amura idan an iya bayani.

Kwanakin da suka rage sun yi masa nauyi, domin al'ada ta ce ba a fitar da suna sai ranar suna, shi kuwa bai saba riƙe abin da ya sani a ciki ba. Ya shirya jawabi. Ya sa 'yar gyaɗa guda a aljihun babbar rigarsa don misali.

Ranar suna da sassafe ƙofar gida ta cika. Ga liman, ga abokan aiki, ga fatake na nan da na tsallake, ga Maharazu a sahun gaba yana raba wa kansa goro. Malam Mahmudu ya sunkuya ya gaya wa liman, aka yi addu'a, aka kwantar da ragon Iya aka yanka. Maroƙi ya miƙe ya juya fuskarsa wajen zaure don mata su ji.

"Sunan yarinya Lubabatu! Lubabatu! Allah shi raya!"

Shelar ta isa cikin gida. Sai guɗa ta tashi, ba irin wadda aka saba ba. Wata na ƙarewa wata na ɗauka, har da sautin ƙwarya ana bugawa. Malam Mahmudu ya ɗauka cewa ko mata sun ji daɗin Larabcin. Ya gyara murya, ya fito da gyaɗarsa.

"Jama'a, kun ga wannan? Wannan ɓawo ne." Ya matsa ta fashe. "Wannan kuwa ita ce lubbu. Ƙwaya. Abin da ake noma dominsa, ake ɗora wa jaki, ake tsallaka iyaka. Daga nan sunan ya fito. Kuma asalinsa gidan Annabi ne, matar baffansa Abbas. Sannan abin da zai ba ku mamaki, daga nan har..."

"Har Maraɗi ba a taɓa suruki irin wanga ba!"

Maharazu ne ya miƙe, hannu biyu sama, idanunsa har da ƙwalla.

"Jama'a, ku taya ni gode ma Malam. Yayata Tasalla, da ke cikin gidan ga, ranar Salla aka haife ta, shi ya sa ake ce mata haka. Sunanta na yanka, wanda ubanmu ya raɗa mata, shi ne kuka ji yanzu. Ni kaina sai in shekara ban tuna shi ba. Amma Malam ya tono shi! Ya bar sunan mahaifiyarshi, ya ɗauki na surukarshi. Kuma ku dubi zurfin ciki: yana ta ce muna daga littafi zai ɗauko, ashe ɓoye muna yake!"

Aka ɗauki salati da kabbara. Maroƙi, wanda ya hango inda kyauta za ta fito, ya koma wasa Inna Tasalla da kakanninta.

Maharazu ya juyo, ya kama hannun Malam Mahmudu, ya yi magana yadda na bayan sahu ma zai ji. "Ko ba haka ba, Malam? Mutum kamarka, da ya san asalin sunan kowa, ai ba ya rasa sanin na uwar matarshi. Da sani ka yi, ko?"

Gyaɗar tana nan a tafin Malam Mahmudu. Ya san Iya tana bayan zanar nan, inda take tsaye a kan tukwane, kuma zana ba ta hana jin magana. Kalma ɗaya ta isa: ban sani ba. Da ya faɗe ta, matan cikin gida za su gane ba a tsallake Iya da gangan ba, kuskure ne irin na 'yan boko, a yi dariya a wuce. Amma a gabansa ga masu jakuna, ga fataken da shekara da shekaru suke gyaɗa masa kai, kuma gobe da safe za su zo rumfa. Ya nemi kalmar a bakinsa. Bai taɓa amfani da ita ba, bai san inda take ba.

"To," in ji shi, "girmama surukai ai yana cikin addini."

Guɗa ta sake tashi.

Da rana ta ɗaga ya shiga cikin gida. Inna Tasalla tana zaune a tsakar gida a kan sabuwar tabarma, jaririyar a cinyarta, mata na zuwa suna yi mata barka da takwara. Ta sa masa albarka mai tsawo, ta ce dama tun ranar da aka kawo goron Rabi'a ta san ɗan mutunci ne. Ya tsuguna yana amsawa. Aka miƙo masa yarinyar. Ya buɗe baki zai kira sunan da ya ari ƙamus dominsa, sai ya ga mai sunan tana kallonsa, ga matarsa ta sunkuyar da kai a bakin ƙofa. Babu ɗan mutuncin da ke kiran sunan surukarsa, balle a gabanta.

"Inna," ya ce wa jaririyar. "Inna ƙarama."

Iya na can wajen murhu tana suyar naman. Babu wadda ta je yi mata barka, kuma duk wadda ta wuce ta kusa da ita sai ta rage murya. Ya tsaya a gefenta yana jiran ta yi faɗa, don ya samu abin da zai yi wa bayani. Ba ta yi ba. Ta tsame tsokoki masu kyau daga cinyar ragon, ta zuba a kwanon da take ajiyewa don baƙi, ta rufe da faifai, ta kira wata maƙwabciya.

"Kai ma mai takwara. A ce ina yi mata barka."

Sannan ta dubi ɗanta. "Mi ka ce ma'anarshi? Ban ji da kyau ba, ana guɗa."

"Ƙwaya, Iya. Abin da ke saura bayan an cire ɓawo."

"Suna mai kyau," in ji ta. "Lubabatu." Ta faɗe shi daidai, ba gargada. Ita kaɗai ce a gidan da kunya ba ta hana ba.

Ta sauke tukunya, ta goge hannu a zane, ta zaga bayan ɗakinta. Igiyar ragon tana nan ɗaure a turke. Ta tsuguna ta kwance ta, ta naɗe a hankali, ta rataye a ƙusa, ta ɗauki tsintsiya ta share wurin.