Ranar da Maitama Ya Hau Tanki

Shekara huɗu ke nan da Sadiya ta bar Rafin Kanya, wani ƙauye da ke gaba da Dandume, ta tafi aikin jinya a wani asibiti a Ɗa'ifa ta ƙasar Saudiyya. Kafin tafiyarta ita kaɗai ce ma'aikaciya a ƙaramin asibitin ƙauyen, ɗaki biyu da baranda. Ita ke yi wa mata awo, ita ke karɓar haihuwa, ita ke ɗinke yaron da fartanya ta sare. Albashinta kuwa wani watan ya zo, wani watan a yi ta jira.

Yayanta Maitama ne ya fi kowa ƙarfafa mata gwiwa a lokacin da takardar ɗaukarta aikin ta fito. Manomi ne, masara da waken suya da ɗan auduga, kuma ya gaji da kallon gonarsa tana yin ɗorawa-ɗorawa a tsakiyar damina saboda rashin taki. Gwaggo ce kawai ba ta yi murna ba. Ƙanwar mahaifinsu ce, ita ta riƙe su bayan rasuwar iyayensu, kuma ta yi ungozomanci shekaru da yawa kafin idonta ya fara yana. Da aka faɗa mata, abin da ta ce kawai shi ne, "To, Halimatu, matan nan fa?" Sadiya ta ce gwamnati za ta turo wata. Gwaggo ta ce Allah ya sa.

Ba a turo kowa ba. Wani malamin lafiya ke zuwa ranar Talata a kan babur ya yi wa yara rigakafi, kafin azahar ya kulle ya tafi.

Amma babu wanda zai ce tafiyar ba ta yi rana ba. Tun shekarar farko taki ya riƙa isowa gidan Maitama kafin ruwan shuka. A ta biyu ya sayi shanun huɗa. A ta uku Sadiya ta sa aka haƙa bohol a ƙofar gida, aka ɗora tanki a kan doguwar hasumiyar ƙarfe, aka haɗa masa sola, ta ce kada a karɓi ko sisi a hannun kowa. Mata suka daina sammakon zuwa rafi. Gudawar da kan kwantar da yara da farkon damina ta ragu sosai. Rarar ruwan da ke zuba kuwa Maitama ya ja ta cikin wani fili, ya kafa lambun albasa da alayyafo, har yana ɗaukar mutum biyu aiki da rani. Idan ya bi ta kasuwar Dandume sai ya ji ana cewa, "Ga yayan 'yar Makka nan." Yakan yi kamar bai ji ba, amma abin yana yi masa daɗi.

Ƙaninsu Mannir direban motar kaya ne. Shi ya auro Risikat daga Funtua. Iyayenta mutanen Ogbomoso ne, masu sayar da kwanuka a kasuwa, amma ita a Funtua aka haife ta, in tana Hausa ba mai cewa ba Bakatsiniya ba ce. Ta gama sakandare da sakamako mai kyau, aka rasa halin ci gaba, ta yi aure. Cikinta na fari ya kama haihuwarsa a watan Agusta. An shirya cewa in ya rage sati biyu za ta koma gidan iyayenta, kusa da babban asibiti.

Naƙuda ba ta jira ba. Wata ranar Alhamis aka tashi da ruwa kamar da bakin ƙwarya, Mannir yana can hanyar Gusau da lodin masara. Da hantsi Lantana, matar Maitama, ta same shi a zaure yana gyaran igiyar shanu.

"Malam, Risi fa ta fara. Tun asuba take ɓoyewa."

Ya ɗauki babur ya nufi rafi don ya dubo hanya. Tun daga nesa ya ji rurin ruwan. Rafin ya cika ya tumbatsa, ya shafe mashigin gaba ɗaya, ga keke napep biyu a tsallake sun tsaya cirko-cirko. Ya juyo gida. Ko da ya iso Gwaggo ta riga ta shiga ɗakin, ta sa an ɗora ruwan zafi.

Wajen sha ɗaya aka ji kukan jariri. Namiji. Maitama ya yi hamdala a zaure, har ya fara neman lambar Mannir. Sai ga Lantana ta fito, zaninta jiƙe, fuskarta ta canza.

"Mabiyiya ta faɗo, amma jini ya ƙi tsayawa. Gwaggo ta ce wannan ya fi ƙarfinta. Ta ce a nemo Halimatu."

A Rafin Kanya sabis ɗin waya ba ya shiga ɗaki ko da rana tsaka, balle ranar hadari. Duk mai son kira sai ya tafi kan tudun makaranta, tafiyar minti goma. Maitama ya fito ƙofar gida yana ɗaga wayar sama, babu komai. Idonsa ya kai kan hasumiyar tanki. Bai taɓa hawa ba, mutum ne mai jiki, ga shekara hamsin da ɗoriya, ga ƙarfen duk santsi. Ya tuɓe takalmi, ya cusa wayar a aljihu, ya kama tsani.

A can sama sabis ya kawo. Kira na biyu ta ɗauka.

"Yaya, ina kan aiki. Lafiya?"

"Risi ta haihu. Jini ya ɓalle. Rafi ya kawo."

Ya ji ƙarar takalminta tana sauri, ya ji an rufe wata ƙofa. Da ta sake magana muryarta ta koma irin wadda ya sani a da, in tana ba da umarni a barandar asibiti.

"Wa ke kusa da kai?"

"Ina saman tanki. Lantana na ƙasa."

"To, duk abin da na faɗa, ka faɗa mata yadda na faɗe shi. Kada ka rage komai don kunya. Ka ji ni?"

Haka aka yi. Sadiya ta faɗa, Maitama ya sunkuyo ya kwarara wa Lantana, Lantana ta ruga ɗaki ta dawo da amsa. A sa hannu ƙasan cibiya a murza mahaifar da ƙarfi, ko tana ihu kada a daina, har sai an ji ta yi tauri. A sa mata jaririn a nono. A taimaka mata ta yi fitsari. Zani nawa ya jiƙe? Jinin gudaji ne ko tsinkakke? Kalmomin da Maitama bai taɓa furtawa ko a gaban matarsa ba, ga shi yana shelarsu a kan matar ƙaninsa, maƙwabta sun firfito suna tsaye a ƙarƙashin zaurukansu. Babu wanda ya yi dariya. Wani dattijo ma ya kori samarin da suka matso.

"Akwatin da na bari a ɗakin Gwaggo zuwana na bara," in ji Sadiya, "akwai farar leda a ƙasan kaya. Ƙwayoyi ne ƙanana masu kusurwa. A karanto mini ranar da ke jiki."

Lantana ba ta yi boko ba, Gwaggo ba ta gani. Risikat da kanta, tana kwance, ta karɓi katin ta karanta watan da shekarar, Lantana ta haddace ta kawo. Maganin bai lalace ba. Aka sa mata huɗu a ƙarƙashin harshe.

Daga nan sai jira. Maitama ya rungume ƙarfe da hannu ɗaya, yayyafi yana dukan bayansa. Ta cikin wayar ya ji ana ƙwanƙwasa ƙofa ana kiran sunanta da Larabci. Ta amsa musu a gajarce, ba ta buɗe ba.

"Za su yi miki faɗa," ya ce.

"Su yi. Ka tambayo mini, ya yi sauƙi?"

Kusan rabin awa kafin Lantana ta fito tana tafiya, ba gudu ba. Ta ɗaga kai ta ce, "Gwaggo ta ce ya tsagaita. Risi tana ta rawar sanyi, amma tana magana." Sadiya ta ce rawar sanyin maganin ne, a lulluɓe ta, a ɗaga ƙafafunta, a yi ta ba ta kunu, kuma da zarar ruwa ya janye a kai ta Funtua, ko da ta ce ta warke. Saukowa ta fi hawa wuya. Da ƙafarsa ta taɓa ƙasa sai ya zauna daɓas cikin taɓo, ya daɗe bai tashi ba.

Bayan la'asar rafin ya sauka zuwa ƙugu. Maza shida suka ɗauki Risikat a kan ƙyauren ƙofa suka tsallakar, Lantana na biye da jaririn a ɗaure a ƙirji. A Funtua aka ƙara mata jini leda biyu. Likitan ya tambayi wa ya ba ta maganin nan. Mahaifiyar Risikat, da ta iso da gudu daga kasuwa ko mayafi babu, ta ce, "Wata ce daga Saudiyya." Ya ɗauka wasa take yi.

Bayan suna da kwana biyu Maitama ya ɗauki Gwaggo a babur ya kai ta tudun makaranta, suka kira Sadiya. Ranar hutunta ce. Bayan gaisuwa ya ce,

"Ni na ce ki tafi. Yanzu kuma ni ke cewa ki dawo."

"In dawo in yi me, Yaya? In zauna a ɗakin da babu ko safar hannu? Maganin da ya tsayar da jinin nan, da ina gida ba ni da halin sayensa in ajiye. Batirin sola ya kusa mutuwa. Yaranka uku suna makaranta a Malumfashi."

"Na sani."

"Kana tsammani ba na tunani? Matan da na karɓi haihuwarsu a nan Ɗa'ifa sun fi ɗari huɗu. Ko sunan ɗaya ban riƙe ba. Ran nan da na ajiye waya, a ɗakin ajiyar kaya na zauna na yi kuka, sannan na wanke fuska na je na karɓi wata."

Gwaggo ta miƙa hannu aka ba ta wayar. Ta riƙe ta nesa da kunne yadda ta saba.

"Halimatu, ban ce ki dawo ba, ban ce ki zauna ba. Ruwan nan da kika kawo, ni ma gwiwata ta huta. Amma bara matar Murtala ta rasu a hanyar Dandume, ba wanda ya faɗa miki don kada hankalinki ya tashi. Ita ba ta da yayar miji a Makka. Ni kuma hannuna ya fara rawa. Abin da zan faɗa ke nan."

Sadiya ta tambaya ko gaskiya ne Risikat ce ta karanta katin maganin da kanta. Aka ce mata gaskiya ne.

Sadiya tana da fili a Funtua da ta fara zuba wa bulo, gidan da take son zama in ta dawo. Ta sa aka dakatar da ginin. Da aka yi arba'in ta kira Risikat da Mannir, suka yi doguwar magana a kan mayar da Risikat makaranta da kuɗin ginin. Mannir ya ɗan ja, ya ce wa zai riƙe masa gida, Gwaggo ta ce gidan da aka kusa fitar da gawa daga cikinsa ne yake tambayar mai riƙewa? Sai ya amince. Shekara na zagayowa Risikat ta samu gurbin karatun ungozoma.

Akwai abin da ke cin Maitama, sai da ya faɗa wa Sadiya. In Risikat ta gama, ita ma ta ga hanya ta tafi fa? Sadiya ta ce ba ta da bakin hana ta, kuma ba za ta sa ta rantsuwa ba.

Ranar tafiya, da kaka, shi ya ɗauki Risikat a babur zuwa tashar Dandume, saboda Mannir yana kan hanya. An yaye yaron, an bar shi wurin Lantana. Gefen hanya duk an kakkafa masara a gonaki, mata suna ɓara. Da suka tsallake rafin, wanda yanzu ko idon sawu bai kai ba, ya rage gudu.

"Risi, in kin gama, nan za ki zauna?"

Ta gyara jakar da ke cinyarta.

"Yaya, shekara bakwai rabona da aji. Bari in fara cin jarrabawar farko tukuna."

Ya ce haka ne. A tasha ya tsaya har motar ta cika, ya roƙi direban ya sauke ta a ƙofar makaranta, ba a bakin titi ba. Sannan ya biya ta wurin mai gyaran sola ya tambayi ranar da zai samu zuwa, ya kama hanyar gona, don masu yankan waken suya suna jiransa tun safe.